Su sun hau jaki don shaƙatawa, mu mun hau shi zuwa asibiti

Maganar jaki na zo miki da ita yau. Na san za ki yi murmushi, amma ki ɗan dakata kafin ki wuce.

Wani dare ina bakin aiki, wajen ƙarfe uku, ɗakin haihuwa ya yi tsit. Masu jego sun samu barci, jariran ma sun yi mana rangwame. Na zauna ina latsa waya don kada gyangyaɗi ya kwashe ni, sai na ci karo da wani guntun bidiyo da bai kai minti biyu ba. Baƙi da fari ne, yana ta ɗige-ɗige kamar ana yayyafi a cikinsa. Na ƙara sauti har ƙarshe, shiru. Na ɗauka wayata ce ta fara halinta, ashe fim ɗin ne bebe tun asali.

Jerin gwanon Turawa ne, maza da mata, kowa bisa jaki, suna bin wata siririyar hanya a jikin dutse. Ta dama bangon dutse, ta hagu rami wanda ido ba ya kai wa ƙarshensa. Matan sun sha dogayen riguna har idon sawu da huluna masu faɗin faifai. Wata ta ɗaga hannu tana gaida mai ɗaukar hoton, jakinta ya ɗan karkace, ta yi wuf ta rungume wuyansa tana dariyar da ba a ji. Can gaba akwai wani yaro a ƙasa, riƙe da igiya. Shi ko ɗaga kai bai yi ba. Wanda ya sa bidiyon ya rubuta cewa a Amurka ne, sama da shekara ɗari da suka wuce.

Da gari ya waye na tashi aiki, na biya ta wajen Inna, kakata ta wajen uwa. Haifaffiyar Babban Duhu ce a ƙaramar hukumar Safana. Can ta yi aure, can ta haifi 'ya'yanta, can kuma ta so ta ƙare kwanakinta, amma zaman gefen dajin Rugu ya gagara, yanzu tana ɗaki ɗaya a cikin Katsina. Na miƙa mata wayar. Ta matso da ita kusa da ido, ta daɗe tana kallo, sannan ta ce:

"Kishiya, su waɗanga mi ya koro su?"

Na ce, "Inna, ba abin da ya koro su. Yawon buɗe ido ne. Kuɗi ma suka biya aka ɗora su."

"Kuɗi? Mutum da hankalinai ya biya kuɗi ya hau jaki?" Ta sake dubawa. "To ina kayan? Ban ga ko ƙullin tsumma ba."

Na yi dariya a lokacin. Sai da na hau Keke Napep zuwa gida tambayar farko ta dawo ta zauna mini a ƙirji. A sanin Inna, in ka ga mata da yawa bisa jakuna suna bin tsakanin duwatsu, to an tashi gari ne.

Bari in ɗan ba ki tarihin irin waɗannan finafinai, don na bi diddigi bayan nan. A ranar 28 ga Disamba 1895 wasu 'yan'uwa biyu, Auguste da Louis Lumière, suka fara nuna hoto mai motsi ga mutanen da suka biya kuɗin shiga, a birnin Faris na ƙasar Faransa. Finafinan farko ba su da labari. Jirgin ƙasa na shigowa tasha, ma'aikata na fitowa daga masana'anta, shi ke nan, mutane kuma suna ta tururuwar gani. Da hannu ake juya na'urar ɗaukar, tana kama hoto wajen 16 zuwa 18 a daƙiƙa ɗaya. Na'urorin baya kuwa 24 suke haskawa, shi ya sa in kin kalli tsohon fim za ki ga mutane na sauri-sauri kamar an biyo su. Fim mai magana bai kankama ba sai daga 1927. Kusan shekara talatin ke nan duniya na kallon bebayen hotuna.

Masu ɗaukar kuma abin da mai kuɗi zai biya ya gani suke bi. Shi ya sa 'yan yawon buɗe ido suka cika waɗannan finafinai: ga su a gindin dalar Masar bisa raƙuma da jakuna, ga su a duwatsun Amurka.

Wurin da ya fi suna da irin wannan hawa shi ne Grand Canyon, a jihar Arizona. Wani makeken kwazazzabo ne da kogin Kolorado ya ƙwaƙule, tsawonsa kilomita 446, zurfinsa ya haura kilomita ɗaya da rabi. Ki kwatanta ramin da in kin tsaya a bakinsa, kogin da ke ƙasa kamar zare za ki hango shi. Jirgin ƙasa ya isa bakin wurin a 1901, baƙi suka fara kwarara. Mai son sauka ciki sai ya hau dabba. Akasari alfadarai ake ɗora su, wato 'ya'yan da jaki ke haifa da goɗiya. Su jakunan, da mutanen can ke kira burro da harshen Sifaniyanci, masu haƙar ma'adinai ne suka kawo su, da haƙar ta mutu suka sake su a daji.

A daidai bakin hanyar da ake sauka, mai suna Bright Angel, wasu 'yan'uwa biyu, Ellsworth da Emery Kolb, suka kafa shagon hoto a 1904. Da safe in jerin baƙi ya zo wucewa sai su ɗauke su. Matsalar ita ce babu ruwa mai tsabta a sama da za a wanke hoton. Ruwan yana wani marmaro can ƙasa, tafiyar kilomita bakwai, gangaren mita ɗari tara. Emery yakan sheƙa da gudu ya sauka, ya wanke hotunan, ya hauro, kafin baƙin su dawo da yamma yana tsaye yana jiran ciniki. Daga baya suka bi kogin da kwalekwale a 1911 zuwa 1912 suna ɗaukar fim, kuma an yi ta nuna wannan fim a shagon nasu daga 1915 har Emery ya rasu a 1976.

Ga inda labarin ya tsaya mini. Wancan marmaro da Emery ke zuwa ɗibar ruwa, gonakin wata ƙabila ce ta 'yan asalin wurin, Havasupai. Sun daɗe suna noma a nan tun kafin Bature ya san da ramin. Da aka mayar da wurin gandun shaƙatawa na ƙasa a 1919 sai aka matsa musu su tashi. Na ƙarshensu an fitar da shi da ƙarfi a 1928. Kin san sunan da Turawa suka laƙaba wa wannan dattijo? Burro. Wato Jaki, wai don yadda yake hawa da sauka a dutsen ba gajiya. Sai a 2022 aka sauya wa wurin suna zuwa na ƙabilar.

Da na karanta wannan sai na koma na sake kallon yaron nan mai igiya. Baƙuwar da ke bisa jaki ta samu hoto ta kai gida ta rataye. Shi ko, wanda ya san inda dutse ke da santsi da inda jakin ke tsoro, ya shiga fim ɗin ne kawai don ba yadda za a yi a cire shi.

To mu fa, wa ya ɗauke mu?

An fara nuna fim a Najeriya a watan Agustan 1903, a zauren Glover da ke Legas, shekarar da Turawa suka ci Kano da Sakkwato. Da masu kyamara suka hauro Arewa, dawaki suka nufa. Hawan dabar da aka yi wa Yariman Ingila a Kano a 1925 ya shiga fim: lifidi, kwalkwali, algaita da ba a jin ta, sarakuna cikin alkyabba. Abin alfahari ne, ban musa ba. Amma a bayan kowane dokin da ya yi ado akwai jakin da ya kawo masa harawa, kuma ba shi aka zo ɗauka ba.

Sannan aka zo zamanin majigi. Abin da ya ba ni sha'awa a matsayina na ma'aikaciyar jinya shi ne, wanda ya assasa shi ma'aikacin lafiya ne. William Sellers sunansa. A ƙarshen shekarun 1920 ya fara amfani da fim a Legas don nuna wa mutane yadda ɓera ke yaɗa annoba, kuma da gwamnatin Ingila ta kafa sashen finafinai na ƙasashen da take mulka a 1939, shi aka ba ragamarsa. Mota ce ke yawo gari-gari, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada ko filin makaranta, in duhu ya yi a haska. Yawancin finafinan bebaye ne, sai a samu tafinta ya riƙe lasifika yana bayani da Hausa. Inna ta ce ta ga majigi sau biyu tana yarinya. Na tambaye ta me aka nuna, ta ce ta manta, abin da ta riƙe shi ne mai bayanin ya fi fim ɗin ban dariya, kuma bisa jakin babanta aka kai su, ita da ƙanwarta, ɗaya a gaba ɗaya a baya. An ɗaure jakin a gindin wata tsamiya, yana ta kuka duk lokacin da injin ya yi ƙara.

Jakin ya kai su kallon fim, ya tsaya a waje.

In ba ki taɓa zuwa yammacin Katsina ba, ƙasar Safana da Batsari har Ruma da Runka ƙasa ce ta duwatsu da ƙoramu. Akwai ƙauyukan da hanyarsu ke bi ta tsakanin fā da fā, inda ko amalanke ba ya shiga. Da damina ƙorama ta kawo, mota sai dai ta tsaya a tsallake. A irin wannan ƙasa jaki ba abin raini ba ne. Shi ke kai taki gona da bazara a cikin mangala, shi ke kwaso damman gero da dawa da kaka, shi ke kai rogo da gyaɗa kasuwa, shi ke jido ƙasar gini da itace da ruwa. Mutanenmu har sun raba su da launi: auraki mai ja-ja, duni mai duhu, fari, da idabari mai ruwan toka. Inna za ta gaya miki wanne ya fi juriya da wanne ya fi rashin kunya, ko da yake ina zargin tana auna su ne da waɗanda ta taɓa zama da su.

Dalilin da ya sa Turawan nan suka amince suka ɗora matansu bisa jaki a bakin rami, shi ne dai dalilin da ya sa kakanninmu suka amince da shi. Doki in ya firgita zabura yake yi. Jaki in ya ga abin da bai yarda da shi ba togewa yake, ya kafe ƙafafu, ko za ki karya sanda a jikinsa ba zai taka ba sai ya gamsu. Wannan hali da muke kira taurin kai, a kan siririyar hanya shi ne tsira. Ga ƙananan kofatai masu tauri da ke samun wurin zama a inda ƙafar doki za ta zame. Ga haƙurin ƙishirwa, don asalinsa dabbar busasshiyar ƙasa ce. Binciken da aka wallafa a 2022 ya nuna a gabashin Afirka aka fara mayar da shi dabbar gida, wajen shekara dubu bakwai da suka wuce. Namu ne tun fil azal, amma mun ɗauki sunansa mun mayar zagi. Yaro ya faɗi jarabawa, jaki. Miji ya ɓata miki rai, a zuci dai kin san abin da kika ce.

Yayana na fari a kan hanya aka kusa haifarsa. Mahaifiyarmu na goyon ciki a gida, wato ta koma wajen Inna don haihuwar fari kamar yadda aka saba, naƙuda ta kama ta tun la'asar. Aka kwana, aka wuni, shiru. Ungozoma ta yi iya yinta. Tsakiyar damina ce, ƙorama ta cika. Inna ta ce da ta ga idon ɗiyarta ya fara juyewa sai ta daina jiran shawarar kowa. Aka ɗora akumari, aka ƙara tsummoki da bargo, aka ɗora ta, maza biyu na tallafe da ita dama da hagu, Inna na gaba da fitilar ƙwai. Jakin ya toge a bakin ruwa. Aka yi duka, ya ƙi. Sai ya bi gefe da kansa ya gangara can ƙasa inda ruwan ya baje, ya shiga, ya haye. Da safe aka ga wurin da suka so tilasta masa, gaɓar ta zube. A bakin titi suka samu motar da ta ƙarasa da su asibiti, aka yi mata aiki. Yayan nawa yanzu 'ya'yansa biyar.

Ba don in sa ki hawaye na kawo wannan ba. A aikinmu an koya mana jinkiri uku ne ke kashe mai haihuwa: jinkirin yanke shawarar a tafi asibiti, jinkirin isa, da jinkirin samun kulawa bayan an isa. Na tsakiyar nan maganar abin hawa ce zalla. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta mata 82,000 ne suka rasu a Najeriya a 2020 ta dalilin ciki da haihuwa, fiye da kashi ɗaya cikin huɗu na duk duniya. Zubar jini bayan haihuwa na iya ɗauke mace cikin awa biyu. Doguwar naƙuda kuwa, in ba ta kashe ba, takan bar tabo: kan jariri ya daɗe yana danne mafitsara a jikin ƙashin ƙugu, naman wurin ya mutu, ya huje, fitsari ya riƙa zuba ba tsayawa. A kan hanyar Batsari ɗin nan, kafin ki bar Katsina, cibiyar ƙasa ta masu yoyon fitsari take a Babbar Ruga, inda likitan nan ɗan ƙasar Holan, Dakta Kees Waaldijk, ya fara gyaran mata tun cikin shekarun 1980. Ki tambayi matan da ke kwance a irin wannan wuri labarinsu, za ki ji kalmar "hanya" ta fi kowace yawa.

Za ki ce ai yanzu zamanin babur ne da waya. Ni ma haka na ɗauka, har 2021. A ƙarshen watan Agustan shekarar gwamnatin jihar Katsina ta kafa dokar matakan tsaro: aka hana sayar da fetur a jarka, aka hana hayar babur daga shida na yamma zuwa shida na safe a ƙananan hukumomin da ke bakin daji, aka dakatar da cinikin dabbobi a kasuwanni da dama, har da na Batsari da Safana. A watan Satumba aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13, waɗannan biyun na ciki. Don a toshe wa 'yan bindiga hanya aka yi. Amma naƙuda ba ta san doka ba. A watannin nan ina aiki a wani ƙaramin asibiti a yankin, kuma da idona na ga abin da na ɗauka ya zama tarihi: amalanken jaki na shigowa da asuba, mace kwance a kan tabarma, uwar mijinta na riƙe da kanta. Wata da aka kawo mana jini ya jiƙe zanenta har biyu. Mun samu jijiya da ƙyar. Ta rayu. Da na fito shan iska bayan an gama, na tarar da jakin a bakin ƙofa, ya samu tokar da mai shayi ya zubar yana birgima a ciki abinsa. Jaki dai ba ya wuce toka.

Maƙwabcin da ya ba da aron jakin shi kaɗai ya rage da jaki a unguwarsu. Wannan ita ce maganar da ta sa na zauna rubutun nan.

Jakuna na ƙarewa, uwargida. Wasu an kora su daji tare da shanu. Wasu masu su sun sayar da suka tashi gudun hijira, don ba a shiga gidan haya a birni da jaki. Amma babban abin da ke cin su yana nesa da mu. A ƙasar Sin ana dafa fatar jaki a fitar da wani danƙo mai suna ejiao, ana sha a matsayin maganin gargajiya da na gyaran jiki. Jakunan Sin sun ragu daga miliyan 11 a 1992 zuwa ƙasa da miliyan biyu, sai 'yan kasuwa suka juyo Afirka. Ƙungiyar Donkey Sanctuary ta Ingila ta ƙiyasta ana yanka aƙalla miliyan 5.9 duk shekara saboda fata kawai. Maƙwabtanmu Nijar sun ga jakunan da aka fitar daga ƙasarsu sun tashi daga 27,000 a 2015 zuwa 80,000 tun 2016 ba ta ƙare ba, suka hana fitarwa. A watan Fabrairun 2024 shugabannin Tarayyar Afirka suka amince a Adis Ababa da a hana yanka jaki don fatarsa a faɗin nahiyar. Dokar na kan takarda. Wanda ke bin manyan hanyoyinmu ya san har yanzu ana ganin tireloli sun nufi kudu, kunnuwa na leƙowa ta saman katako.

Kuma jaki ba kaza ba ne da za a ce a yi ta ƙyanƙyasa. Jaka wata goma sha biyu take ɗauke da ciki, ɗa ɗaya take haifa. In an kwashe na gari, shekaru ake yi ba a mayar ba, kuɗinsa kuma ya fi ƙarfin wanda ya fi bukatarsa.

In jaki ya bar gida, kayan da yake ɗauka ba sa bin sa. Suna nan. Wa kike jin zai ɗauka? Jarka mai lita 20 kilo 20 ce, ban da nauyin robar. Jaki na ɗauko huɗu a sawu ɗaya. Yarinya 'yar shekara goma, wadda ita kanta da ƙyar ta haura kilo 30, ɗaya za ta ɗauka, sawu huɗu ke nan, kuma a yankinmu kowane sawu zuwa rafi kasada ce da uwa ke riƙe numfashi har 'yarta ta dawo. Asusun UNICEF ya taɓa lissafa cewa mata da 'yan mata a duniya na kashe awa miliyan 200 kullum wajen ɗibar ruwa. Ni ba lissafin nake gani ba, masu shi nake gani: yarinyar da ke zuwa da ciwon wuya da na baya tun ba ta yi aure ba, mai jegon da ta koma ɗaukar ruwa kafin arba'in ta dawo tana cewa tana jin wani abu na saukowa ta gabanta, 'yar aji huɗun da aka cire daga makaranta "na ɗan lokaci." In an tashi faɗa kuma a kan yarinyar ake yi, wai ta cika nawa. An bar jaki ana dukan taiki.

Abin dariya abin takaici, a tsibirin Santorini na ƙasar Girka, inda har gobe baƙi ke hawa jaki su hau tudu, gwamnati ta kafa doka a 2018 cewa kada a ɗora wa dabbar abin da ya wuce kilo 100. Can ana kare jaki daga ƙibar baƙi. Nan muna neman jakin da zai kare wuyan 'ya'yanmu.

In kina da 'yan'uwa a ƙauye da har yanzu ke da jaki, in an zo shawarar sayar da shi don wata hidima, ki sa baki. Ki tambaya wa zai ɗebo ruwa washegari. In kuma akwai mai ciki a gidan, tun wata na bakwai a san da me za a fita da ita in abu ya taso da dare, a san na wa za a ara in babur ya gagara, a kuma san ta wace hanya. Naƙudar da ta wuce awa goma sha biyu, ko jini, ko jijjiga, ko ruwa ya fashe shiru ba ciwo, ba a jiran gari ya waye.

Masu kai yara hutu ƙauye kuma, na san ɗokin hawa jaki. Ku bar su su hau, amma babba na riƙe da igiya, kuma kada yaro ya bi ta bayansa ko ya ɗaura igiyar a hannu. In ya faɗo ya bugu a kai, sannan ya yi amai, ko barci ya yi masa yawa, ko ya rikice, a kai shi asibiti ko da babu jini. Rauni kuwa a wanke da ruwa da sabulu nan take, kada a sa toka ko ƙasa, don ƙwayar ciwon sarƙe-haƙora, tetanus, a ƙasa da kashin dabbobi take zama. Ki duba katin rigakafinsa kafin tafiyar.

Saura magana ɗaya, ta wayar da ke hannunki. Ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar da rahoto a 2013 cewa kashi 70 cikin ɗari na manyan finafinan bebaye da aka yi a ƙasar sun ɓace kwata-kwata. Abin da ake ɗaukar su a kai yana ruɓewa, yana kuma kama wuta. Duk da haka baƙuwar nan mai faffaɗar hula ta tsira, ga ta har ta iso ɗakin haihuwa a Katsina da ƙarfe ukun dare. Mu kuwa daren da aka haye ƙorama da mahaifiyata yana wuri ɗaya ne tak a duniya, a cikin kan wata tsohuwa mai hawan jini. Wayarki ta fi na'urar su Kolb nesa ba kusa ba, ga ta kuma da kunne. Ki zaunar da tsohuwar gidanku ki tambaye ta da me aka kai ta ɗakin miji, da me ake zuwa kasuwa, sunan rafin da suke ɗibar ruwa. Ki sa ta faɗi sunanta da na garinsu da bakinta tun a farko. Amma ki yi hattara: in a yankin da ba lafiya ne, kada ki ɗauki hanyoyin shiga gari ko garken kowa, kada kuma ki ɗora a Facebook ko TikTok. Ki adana, ki tura wa 'yan'uwa na jiki. Ba kowane mai kallo ne masoyi ba.

Ni na yi nawa ranar Juma'ar da ta wuce. Na jingina wayar a jikin kwanon sha, Inna ta gyara ɗaurin kallabi sau uku, ta ce in bari ta sa turare, na ce ba ya fitowa a hoto, ta ce ita ta san ta sa. Ta yi minti arba'in tana magana. Ta kwaikwayi yadda ake kiran jaki da harshe, 'yata ta yi ta ƙyalƙyala dariya tana gwadawa. Ta ba da labarin daren ƙorama tiryan-tiryan, har inda ta ce jakin Malam ne, marigayi kakana.

Da muka gama ta ce in kunna mata. Ta saurara har ƙarshe ba ta ce uffan ba, sannan ta nuna wayar da yatsa.

"Goge wurin da na ce jakin Malam."

Na ce, "Don me, Inna?"

"Nawa ne. Da kuɗin ƙuli-ƙulina na saye shi, shekara biyu ina tari. Kunya ce ta sa ake cewa nashi. Sake ɗauka."